Rigar Aro ta Shagon Mumuni

Ba a taɓa ganin wanda ya shiga shagon Mumuni Mai Hoto ya fito a hoto yana kama da matsiyaci ba. Ko da yagaggen silifa ka shigo, da ƙurar kasuwa har gira, attajiri za ka fito a takarda. Shagon yana Maourey, a wani lungu da ke gangarawa zuwa Babbar Kasuwa, ɗaki ɗaya da labule a tsakiya. Bayan labulen akwai bangon da aka zana wa gidan bene mai shuɗiyar ƙofa, da farar mota a gindinsa, fentin tayarta ta baya ya fara ɓarewa. A jikin ƙusa kuma ga farar babbar riga ta shadda, wadda kafaɗun rabin ƴan ci-ranin Yamai suka san nauyinta. Akwai hula, akwai agogon hannu da ya daɗe da tsayawa, akwai takalmi sau ciki da bai taɓa yi wa kowa daidai ba.

Mumuni Ba'adare ne, daga wani ƙauye bayan Tawa. Ya shigo Yamai yana saurayi a wata shekarar yunwa, ya yi ga-ruwa har kafaɗarsa ta yi kanta, sannan wani Bayarabe mai hoto ya ɗauke shi aiki. Abu biyu ya koya a wurin mutumin ban da riƙon kamara. Na farko, ba wanda ke zuwa shagon hoto don ya ga kansa, kowa yana da madubi a gida. Na biyu, ba a danna kamara sai wanda ke gabanta ya ce da bakinsa, "Na shirya." Hoton farko da Mumuni ya aika gida, cikin irin wannan riga ya ɗauke shi, hannunsa bisa motar bango. Tun daga nan zuwansa ƙauye ya yi wuya. Shi yakan ce aiki ne ya riƙe shi. Matarsa Balki takan ce mutumin cikin hoton ake jira a can, shi kuwa bai san inda zai samo shi ba.

Da wayar salula ta shiga hannun kowa, sana'ar ta yi sanyi. Amare suka daina zuwa, ƴan ci-rani suka koma jingina da motocin mutane a bakin titi suna ɗaukar kansu. Abin da ya hana Mumuni rufe shago shi ne tashin hankalin maƙwabta. Mutane suka riƙa shigowa daga Mali, daga Burkina, daga Sudan, daga Najeriya, kowa da ƙunshinsa, kuma biro, ofishin da ke karɓar masu neman mafaka, yana son ƙananan hotuna kafin a buɗe wa mutum dosiye, wato fayil ɗin takardunsa. Mumuni ya sayi farin ƙyalle ya rataya gaban gidan benen. Ba ya son wannan aiki ko kaɗan: ba murmushi, ba hula, kunnuwa a waje, fuska kamar ta wanda aka kama da akuyar wani. Amma shi ke sa Balki ta ɗora tukunya. In ya ji a rediyo an kai hari wani wuri, yakan yi salati da gaske, sannan can ƙasan ransa wani abu ya tuna masa takardar hoto ta kusa ƙarewa, ya kamata a ƙaro. Bai taɓa gaya wa kowa wannan ba. Rediyon dai ya tsana.

Isaka ya zo ne a bazara, lokacin da kwalta ke laushi ƙarƙashin takalmi. Dogo ne, Bagobiri, zanen fuskarsa ya taso daga gefen baki har kunne. A wuyan hannunsa na dama akwai tsumman atamfa mai ruwan goro, an ƙulla shi tamau. Ya zauna gaban farin ƙyalle, aka ɗauke shi, aka miƙa masa ƙananan hotunansa. Ya fita, ya zauna ƙarƙashin rumfar shagon. Azahar ta yi yana nan. La'asar ta yi yana nan.

Baƙon da ya zauna a ƙofarka ba a tambayarsa yaushe zai tashi. Mumuni ya miƙa masa ruwa. Da zai rufe shago ya miƙa masa tabarma. Shi ke nan, ba wanda ya ce zauna, ba wanda ya ce tafi, Isaka ya zama mutumin rumfar Mumuni. Da safe ya share ƙofar shago, ya ninke kwalin da yake shimfiɗawa ƙarƙashin tabarma, ya tafi layin biro.

Labarinsa a gutsure ya fito. Ƴan bindiga sun faɗa wa ƙauyensu, can hayin iyaka, da sassafe. Ya fito da matarsa Zuwera, tana goye da jaririyarsu, yana riƙe da gefen zanenta. A bakin gulbi mutane suka cakuɗe, harbi ya matso, zanen ya yage, aka bar shi da abin da ke hannunsa. Ya tsallako ƙasar Maradi ya yi ta cigiya. Wani ya ce masa an kwashi matan da suka ji rauni zuwa Yamai, sai ya hau bayan kamiyo, babbar motar hatsi. Ya bi gidajen likita ɗaya bayan ɗaya, ba Zuwera. Guzuri ya ƙare. Aka nuna masa biro, biro ya ce ya kawo hoto, ya kawo, aka ce ya dawo. Duk inda ya kai wurin yagewar zanen sai ya yi sauri ya wuce, kamar mai taka ƙasa mai zafi. Mumuni ya lura da haka. Zane yana yagewa in an ja mutum daga hannunka. Yana kuma yagewa in kai ne ka zabura da gudu ba ka saki ba.

Da farko unguwa ta yi abin da ta saba. Kwanoni suka riƙa fitowa daga gidaje: dambu, shinkafa da miya, wani lokaci har da guntun kifi. Limamin masallacin lungu ya ba shi tsohuwar jallabiya. Sai makonni suka zama watanni, kwanonin suka ragu, ba don kowa ya yi mugun nufi ba. Kawai dai akwai wasu sababbi a ƙofar masallaci, akwai wata mata da ƴaƴanta a bayan gidan mai, kuma hatsi bai sauko ba. Yamai ba ta kori kowa ba. Ta dai gaji da tambayar mutane sunayensu. A ƙarshe kwanon Balki kaɗai ya rage, shi ma da magana yake fitowa.

"Malam, wai baƙon nan naka gadonshi munka yi?" Tana faɗa tana ƙara masa miya. "Gwamnati ta buɗe ƙofa ta ce ku shigo, ta koma ciki ta kunna kilima tana shan sanyi. Mu ta bar ma tukunya."

"To ki rage mishi."

"In rage mi? Ka ga wuyanshi kuwa?"

Wanda ya fi kowa takura wa Isaka shi ne Amadou, wani Bazabarme direban babbar motar Yamai zuwa Maradi, wanda ke shan shayi a rumfar Mumuni duk ranar da ba shi da tafiya. Tsakanin Zabarmawa da Gobirawa akwai wasan taubasai, kuma Amadou bai ga dalilin da zai sa gudun hijira ya cece mutum daga wannan ba.

"Fofo, sannu bawana! Har yanzu ba su ba ka takardar ba? Su ba ni kai mana, in sa hannu. Dama kakana ne ya yi maka wannan zanen don kar ka ɓace."

"Kai da kakanka kun taɓa riƙe aska?" in ji Isaka. "In kun ga jini sai ku faɗa ruwa ku ɓuya bayan kifi."

Wannan ne kaɗai lokacin da ake ganin haƙoransa. Amadou ne kuma ya kawo shawarar hoton. Ya ce akwai ƙauyuka bayan Maradi da aka zaunar da mutanen hayin iyaka, yana da masu ɗaukar kaya da ke shiga can. In aka sa hoto a waya, mata za su yi ta miƙa wa juna, ba a kwana nawa zai zagaye bukkokin duka. In Zuwera na da rai, za ta gani.

Isaka ya zaro ɗaya daga ƙananan hotunansa na biro. Mumuni ya karɓa, ya dube shi, ya ji kunya kamar an kama shi da aikin wani.

"Wannan? Wannan za a kai ma mace? Ta ce an kama ka ne. Tashi, Malam Isaka. Shigo ciki."

Ya yaye farin ƙyallen, gidan bene ya bayyana. Ya kaɗe babbar rigar ya zura masa, ya gyara aikin wuyan, ya karya masa hula gefe guda. Rigar ta zauna a dogon jikin kamar don shi aka ɗinka ta, abin da Mumuni ya daɗe bai gani ba. Da ya zo ɗaura agogo sai ya ci karo da tsumman.

"Kwance wannan."

Isaka ya dube shi.

"Na ɗan lokaci ne. Shina ɓata hannun riga."

Ƙullin ya ƙi kwancewa, sai da Isaka ya sa haƙori. Ya tura tsumman cikin aljihun wando, aka ɗaura agogon a inda fatar ta yi fari. Mumuni ya ɗora masa hannu bisa motar bango, ya koma bayan kamara ya jira. Ya ga mutumin yana miƙewa a hankali, kafaɗa ta buɗe, haɓa ta ɗaga. Mai gona ne wannan, mai rumbu, wanda ake yi wa sallama a ƙofar gida. Ba wanda ya ce masa ya yi murmushi, amma sai ga haƙoransa.

"Na shirya," in ji Isaka.

Da la'asar Mumuni ya zauna gaban ordinatar, wato kwamfuta. Ya cike ramin kumatu, ya goge jan ido, ya gyara tayar motar. Zanen Gobir kaɗai ya bari, don matar ta gane mijinta. Ya wanke babba guda ya ba Isaka, ya tura wa Amadou a waya. Ranar har ya saya wa Balki tsire a hanya.

Amadou ya yi tafiya ya dawo, ya sake yi ya dawo, ba labari. A dawowa ta gaba bai shigo da "bawana" ba. Ya zauna a benci, ya ƙi shayi, ya ajiye waya a gwiwarsa.

"An same ta. Tana da rai. Ta yi bokal, saƙon murya." Ya dubi Mumuni maimakon Isaka. "Ni dai aike ne."

Ya danna. Iska ta fara shiga, sannan muryar mace, a kwance, ba kuka a cikinta.

"Direba, sannu da ɗawainiya. Na ga hoton. Shi ne, ba wani ba. Ka ce mishi mun gode Allah da ya kai shi inda shi ka so. Mu muna nan cikin bukkar leda, in rana ta take mu fito mu tsaya bayanta. Ka ce mishi riga ta yi mishi kyau ƙwarai. Kar shi wahal da kai wurin neman mu. Shi riƙe motarshi da kyau, kar ta kuɓuce mishi yadda wasu sunka kuɓuce."

 Wani mai kabu-kabu ya wuce bisa babur yana ta oda.

"Sake," in ji Isaka.

Amadou ya sake. Isaka ya karkata kunne har yana taɓa wayar. Ya ce a sake kuma. Mumuni ya ɗauka azabtar da kansa yake yi, ya tashi ya shige shago.

A gida ya yi ta faɗa shi kaɗai. Wace irin mace ce wannan? Yaro ma ya san motar zane ce. Shekara da shekaru yana wannan aiki, uwaye sun rataya hotunansa a ɗaka, ba wadda ta taɓa aiko da baƙar magana. Balki tana tsince shinkafa a faranti, ta bar shi ya gama.

"Kana tsammani ba ta san zane ba ne? Ta sani sarai, Malam. Mace ce, ba akuya ba."

"To mi ne ne?"

"Haƙoran. Ita tana can ba ta san ko gawa ya zama ba, sai ga shi ya samu zuciyar da zai tsaya shi karya hula shi buɗe haƙora. Kuma ka ce da wani tsumma a hannunshi. Ina shike cikin hoton?"

Ta ture tsakuwa gefen faranti, ta ci gaba.

"Ƴan ci-raninka sun bar gida da sallama, an yi musu rakiya, shi ya sa ake son a gan su da mota. Wannan fa? Ka ɗauki mai gudu ka yi mishi hoton mai tahiya."

Washegari ya sami Isaka yana ninke kwali. Tsumman ya koma wuyan hannunsa. Mumuni ya tsuguna kusa da shi, abin da gwiwoyinsa ba sa so.

"Malam Isaka, aikina ne ya ɓata. Bari in gyara. In ɗauke ka nan, yadda kake, da tabarma da kwali. Ta gani da idonta."

"A'a."

"Ba ka biyan komi."

"Maigida, ba wannan ba ne." Ya ci gaba da ninki, yana daidaita bakin kwalin kamar wani abu ya dogara da haka. "Gara ta ce na yi arziki na mance da ita. In ta tsane ni, namiji ta tsana. In ta gan ni bisa kwalin nan, ina jiran kwanon matar wani, mi za ta gani?"

"Mijinta."

"Mijinta na da rumbu biyu da jaki." Ya miƙe. "Ka bar shi haka nan."

Mumuni ya bi shi da kallo har ya sha kwana. Ya yarda da maganar, amma bai yarda ita ce duka ba. Ya daɗe yana kallon fuskoki, ya san ta wanda aka zalunta, ya san ta wanda aka ba mafaka. Tun da bokal ɗin ya zo, Isaka ya fi cin abinci. Muddin faɗan na riga ne da mota, ba a kai ga bakin gulbi ba, ba wanda zai tambaye shi ta wace hanya zane ya yage. Fushin hoto abu ne da mutum zai iya kwana da shi shekaru. Mumuni ya san haka fiye da yadda yake so ya sani. Ya tuna labarin layin biro da ke ƙara tsawo, ya tuna tsofaffin cikinsa da suka zo da baƙin gashi, ya ga Isaka a rumfarsa yana tsufa, yana share ƙofa, shi kuma yana samun mai share ƙofa. Wannan na ƙarshen ne ya tashe shi tsaye.

Ya rataya kamara ƙarƙashin riga ya bi bayansa.

Bai taɓa zuwa biron ba, duk da cewa daga nan abincinsa ke fitowa. Doguwar katanga ce da ƙofar ƙarfe, inuwarta ba ta fi tabarma faɗi ba, kuma tana janyewa yayin da rana ke hawa. Mutane sun jera duwatsu da gwangwanaye da takalma don riƙe wuri, su kuma sun manne da katanga. Ana jin Larabci, ana jin Fulatanci, ana jin harsunan da Mumuni bai san sunansu ba. Wasu fuskokin ya gane su, shi ya ɗauke su. Mai gadi yakan leƙo ya ce "kala suru," wato sai haƙuri, da muryar wanda shi ma haƙurin yake ci. Ba wanda ke faɗa. Wata tsohuwa tana yi wa jikarta kitso.

Isaka yana can ƙarshe, a tsugune, jallabiyar liman ta tattare a gwiwarsa, ƙasusuwan wuyansa a fili. Ƙullin tsumman ya saki, ya kai hannun bakinsa yana ja da haƙori, idonsa a rufe.

Mumuni ya raɓe bayan rumfar wata mai ƙosai a ɗaya hayin titi, ya ɗaga kamara. Haske ya yi, komai ya zauna daidai. Sai ya tarar da yatsarsa ta tsaya, tana jira. Jira take a ce an shirya. Mai ƙosai ta dube shi ta dubi katanga, ta taɓe baki. Motoci suka wuce. Ba wanda zai ce komai. Ya danna.

Gaban ordinatar ne ya fi shan wuya. Ga ramin kumatu, ga ƙuda a goshi, ga ledar da iska ta manna a ƙafar mutumin. Hannunsa ya yi ta kaiwa yana dawowa. A ƙarshe ya zauna a kan hannun, kamar yaron da aka hana taɓa tuwo, ya tura wa Amadou hoton da ɗayan.

"Wannan ba aikinka ba ne," in ji Amadou da ya gani.

"Kai shi dai."

Amsar ba ta daɗe ba. Amadou ya zo da hantsi, Isaka bai riga ya tafi layi ba. Wannan karon direban bai yi wani bayani ba, ya zauna ya danna. Iska ta daɗe tana busawa, wata akuya ta yi kuka daga nesa, har suka ɗauka ba magana a ciki.

"Wannan na san shi," in ji Zuwera.  "Bai yar da tsumman ba ashe." Iska ta sake busawa. "Direba, ka ce mishi ba ni zuwa Yamai, ƙafafuna sun gama tahiya. Shi taho. Akwai maganar da ba a aikowa da ita."

Isaka ya dubi wayar, ya dubi Amadou.

"Wane ta sani? Mi kunka aika mata?"

Amadou ya juya masa fuskar wayar. Isaka ya daɗe yana kallon mutumin da ke tsugune jikin katanga da tsumma a baki. Jijiyar wuyansa ta tashi. Ya juyo ga Mumuni.

"Ka ɗauke ni ban shirya ba."

"Na ɗauke ka."

"Na ce maka a'a. Cikin rumfarka nike, shi ya sa? Wanda ya ci kwanonka ba shi da a'a?"

  Mumuni ya tsaya yana goge gilashin kamara da bakin riga.

"Sake," in ji Isaka.

Amadou ya sake. Isaka ya kai kunne. Iska, akuya, muryar mace, iska. A lokacin ne Mumuni ya gane abin da yake saurare tun a bokal na farko. Ba maganar ba ce. Bayan maganar yake nema, ko ɗan tari, ko guntun kukan jaririya, irin wanda ba a raba uwa mai goyo da shi. A duka biyun babu.

Isaka ya miƙa wayar. Bai ce a sake ba.

"Yaushe kake komawa?"

"Gobe da safe, in Allah ya kai mu," in ji Amadou. "Amma ka sani, in ka bar nan, dosiyenka ya kwanta. Can sai ka sake daga farko."

"Dama bai tashi ba."

"To. Kujerar kusa da ni taka ce. Bawa ba ya zama nesa da ubangijinshi." Ya faɗa a hankali, ba wanda ya yi dariya, amma Isaka ya ɗaga masa kai.

Da safe Balki ta aiko da ƙunshin dambu da soyayyar gyaɗa, da saƙon cewa a dawo mata da ƙyallen ƙunshin in an samu mai zuwa. Isaka ya share ƙofar shago kamar kullum, ya ninke tabarma ya jingine, ya bar kwalin a bayanta don wani zai buƙata. Mumuni yana ciki yana kai da kawowa. Kafin ya san abin da yake yi, ya sauko da babbar rigar daga ƙusa, ya fito da ita a hannu. Mutum zai je gaban matarsa bayan wannan rabuwa, cikin jallabiyar da ta koɗe?

Isaka ya dubi rigar. Mumuni ma ya dube ta.

"Mai da ta, Maigida."

Ya mai da ta. Da ya fito, ya tarar Isaka ya zaro babban hoton farko daga cikin ninkin tabarma, mai hula da agogo. Ya ɗauka yaga shi zai yi. Sai ya ga ya naɗe shi cikin leda, ya tura cikin jallabiya, daidai ƙirji.

"Wannan nawa ne," in ji shi. "Ba na nunawa ba ne."

Mumuni ya raka shi har bakin titi, inda Amadou ya aiko mai kabu-kabu. Isaka ya ce a gai da uwargida, a yi mata godiya. Ya ce a gai da liman. Mumuni ya jira nasa, bai zo ba. Babur ya tashi, ya bi ta gefen masu tallan atamfa, ya shige cikin jama'ar kasuwa.

Da rana Balki ta kawo abinci da kanta, kwano ɗaya. Ta tsaya tana kallon rumfar, ta ce wuri ya yi faɗi. Ta leƙa bayan labule, inda farin ƙyalle ke rataye rabi, gidan bene na leƙowa ta gefensa.

"Kai fa, Malam? Yaushe za a ɗauke ka haka nan a kai Tawa?"

"Haske ya wuce yau."

Ta yi tsaki ta ɗauki kwandonta. Bayan la'asar wani ga-ruwa ya shigo, magidanci, kafaɗarsa da kanta, ya ce hoto yake so na aikawa gida kafin Sallah, an ce masa a nan akwai mota. Mumuni ya dube shi na ɗan lokaci. Ya tambaye shi ko mutanen gida sun san inda yake. Mutumin ya ce sun sani mana, har tasha suka rako shi. Mumuni ya yaye ƙyallen, ya kaɗe rigar, ya zura masa. Ta yi masa yawa, sai da aka naɗe hannun. Ya koma bayan kamara, ya jingina da bango don bayansa na ciwo, ya jira.